Tsagar da Muka Bari a Hanyar Masallaci

Ranar kasuwar Kibiya da ta wuce, biyu daga cikinku, ku yaran aikina, sun bi ta ƙofar gidan ubangidana, marigayi Baba Ilu. Sun ga shimfiɗar duwatsun da ta tashi daga bakin zaure ta dangana da masallacin unguwa, suka tsaya suna ƙyalƙyala dariya. Labarin ya riga su isowa wurina. Wai akwai wata tsaga a tsakiyar hanyar, doguwa, mai zurfi, tun daga farko har ƙarshe, wadda ko wanda ya fara riƙe cokalin gini jiya ba zai bar irinta ba. Har ɗayan ya ce in aka ba shi rabin buhun siminti zai cike ta kafin la'asar, sadaka. To, Allah ya ba da ladan niyya. Amma hannu biyu ne suka yi tsagar nan, ɗaya nawa ne, kuma ba gyangyaɗi muke yi ba. Ku ajiye wayoyin nan ku matso, sai siminti ya iso za mu tashi.

Na san yadda kuke kallon ciko. A ganinku mai shimfiɗa dutse shi ne ma'aikaci, mai cike tsakanin duwatsu kuwa ɗan share-share ne, ya cusa kwaɓi a rami ya goge da soso ya karɓi kuɗinsa. Ni ma haka na ɗauka ranar da kawuna ya kai ni wurin Baba Ilu, ina saurayi, noman rani ya ƙi ni, na ƙi shi. Baba Ilu ya dube ni sama da ƙasa, bai tambaye ni sunana ba, ya ce in miƙo hannuna. Ya murza tafin, ya ce, "Wannan hannun cin tuwo ne. Bari mu gani ko zai koyi wani abu." Gidansa yana jikin namu a Kibiya, katanga ɗaya ce ta raba mu, amma sai ranar na san cewa mutumin nan da nake gaisarwa kullum shi ake aikowa nema tun daga Rano.

Aikina na farko a gidan wani Alhaji ne mai fataucin albasa a cikin garin Rano, tsakar gida babba, har da rijiya a gefe. Ina ɗokin a ba ni cokali, sai aka ba ni rariya. Na tankaɗe yashi har aka gama aikin. Aka koma wani gida, rariya. Da na gaji na yi ƙorafi, sai aka yi mini ƙarin girma, aka ba ni burushi da bokiti in riƙa wanke gefen duwatsu. Gefen fa, ba saman ba. Baba Ilu ya ce kwaɓi ba ya kama ƙura, dutse yake kamawa, don haka duk tsagar da ba a yashe ta ba, aka wanke, aka jiƙa, cikon da aka zuba mata baƙo ne, damina ɗaya zai yi ya tafi. Sai da damina ta zagayo kafin ya yarda na taɓa kwaɓi, kuma ko a lokacin a lungun bayan banɗaki ne, inda ba mai gani.

Kayan aikinsa ba su cika jakar buhu ba. Ƙaramin cokali da ya siɗe har ya koma kamar ganyen dalbejiya. Kurfi da guduma na gyara bakin dutse. Soso, tsintsiya mai laushi, kwanon sarki. Sai wani siririn ƙarfe mai lanƙwasa da wani maƙeri a Nariya ya ƙera masa daga sifirin ɗin mota, da shi yake danna kwaɓi a cikin tsaga har sai ya ji ya daina nitsewa. Ƙarfen nan ba a aronsa. Ko matarsa, Inna Hanne, in tana shara ta iske shi a ƙasa, kewaye shi take yi. Ga shi nan a jakata yau, kuma ku ma ba zan ara muku ba, kada ma wani ya wahalar da bakinsa.

Duwatsun da muke aiki da su a lokacin ba daga mota suke saukowa a yanke ba. A bayan gari ake fasa su. Masu fasa dutse su tara kara da itace a kan falalen dutse su cinna wuta, su bar ta ta ci, sai ka ji dutsen yana ƙara daga ciki, ya ɓanɓaro falle-falle. Su ɗaga da ƙarfe, jakuna su kwaso. Babu falle biyu da suka yi kama da juna, wani mai kusurwa uku, wani kamar kunnen giwa, wani da kauri a gefe ɗaya. Shi ya sa tsagar tsakaninsu ma ba ta da tsari, nan ta yi faɗin yatsa, can ta yi faɗin tafi. Kowace da irin kwaɓin da take so. Mai faɗi tana son 'yar tsakuwa a ciki don kada ta tsage, siririya kuwa tana son yashi mai laushi da haƙuri.

Kuma ba kullum siminti ba. Na riski ƙarshen zamanin laso, simintin iyayenmu, kuma ina gode wa Allah da na riska. Baba Ilu ya aike ni marina in ɗebo katsi, wato dattin da ke kwantawa a gindin ramin rini, a ƙone shi a daka. A haɗa da gashin awaki daga majema, da ruwan saiwar dafara mai yauƙi. Wari kam ba a magana, in na dawo gida uwata daga zaure take tsayar da ni. Amma ciko ne da ruwa ba ya ratsa shi, ga shi ba ya ɗaukar zafi. In an gama kuma, a yayyafa makuba, ruwan ɓawon ɗorawa, sai wurin ya yi duhu-duhu yana sheƙi. A wasu gidajen matan unguwa kan taru ranar, kamar yadda suke yi in za a yi daɓen ɗakin amarya, su dafa mana dambu, suna tsokanar Baba Ilu wai ya ƙwace musu sana'a. Kai, an yi zamani. Yanzu ko marinar babu, an gina shaguna a wurin.

Dokokinsa biyu ne, kuma su nake so ku riƙe, don a kansu maganar take. Ta farko, kada tsaga ta miƙe. In kana jera duwatsu, ka karya layin, wannan ta zo ta ci karo da dutse, waccan ta kauce. Tsagar da ta miƙe doguwa hanyar ruwa ce, ruwa ya same ta ya bi, ya rarake, wata rana a wayi gari tsakar gida ta rabe biyu. Ta biyu, ciko ya zo daidai da fuskar dutse, bai hau ba, bai faɗa ba. Kuma ba da ido yake dubawa ba. In aiki ya bushe, sai ya tuɓe takalminsa, ya rufe ido, ya bi ta kai a hankali yana jan ƙafa. In tafin ƙafarsa ya gaya masa inda dutse ya ƙare, shi ke nan, ka ɗauko kurfi.

Na tuna wata hanya da na cike ni kaɗai a wani gida kusa da tashar Rano, daga ƙofa zuwa rumfar mota. Na zuba ƙarfina a kanta, har mai gidan yana yaba mini. Baba Ilu ya zo, ya tuɓe takalmi, ya rufe ido. Ya yi nisa bai tsaya ba, har na fara washe baki. Sai ya tsaya, ya ɗaga babban yatsan ƙafarsa ya sauke.

"Tanimu."

"Na'am, Baba."

"A nan aka kira ka cin abinci?"

Wallahi a nan ne. Na bar kwaɓin ya sha iska, na dawo na ci gaba a kansa ban jiƙa ba, ya ɗan faɗa kaɗan, kaɗan ɗin da ido ba ya gani. Na kwashe wurin na sake. Ya ce mini ido maƙaryaci ne, rana ma tana ruɗarsa, amma ƙafa ba ta san kunyar kowa ba.

Masu ba da aiki kuwa, kowa da halinsa. Baba Ilu in ya shiga gida ba ya fara tambayar mai gida komai. Sallama yake yi wa matan gidan daga nesa ya ce, "Hajiya, a ina ake ajiye turmi?" Domin duk kyan cikonka, in aka ɗora turmi a kan tsaga ana sussuka da daka safe da yamma, sai ya farfashe. Wurin turmi dutse ɗaya yake sa wa, babba, mai kauri, ya yi masa gado na musamman. Wata Hajiya a Rano ta rantse ita ba a daka a gidanta, inji take kaiwa. Ya ce to. Ya dai sa dutsen a gindin bishiyar mangwaro bai gaya mata ba. Da muka koma yi wa cikon ban ruwa, ga turmi zaune a kai, ana kirɓa sakwara. Ta ce, "Malam Ilu, kai dai ba ka da dama." Akwai kuma wani Ardo a wajen Nariya da ya sa muka shimfiɗe bakin rijiyar da shanunsa ke shan ruwa, don taɓo yana lalata musu kofato. Shi kam cewa ya yi a bar duwatsun da kaushi, kada saniya ta zame. Mun kwana biyu muna shan kindirmo har na fara jin nauyin tashi. Ban da awaki. Akuya ba ta taɓa sha'awar wuri irin wanda aka cike yanzu-yanzu. Rabin aikin ciko gadi ne, ka lulluɓe da jiƙaƙƙen buhun algarara, ka yi ta ban ruwa safe da yamma, kana korar dabbobi da 'ya'yan mutane.

Haka muka yi shekaru, na yi aure, na fara karɓar aikin kaina, amma ban daina kai masa gaisuwa da goro ba. Sai shekarar nan ta zo. Siminti ya yi tashin da ba mu taɓa gani ba, mai gini ya ga gara ya rufa ɗaki da ya ƙawata tsakar gida. A daidai lokacin kuma intalok ya shigo, wannan bulo ɗin ƙasa da ake bugawa a injin, a jera a watsa yashi a share, ba cokali ba soso. Kowane Alhaji shi yake so, don ya gani a Kano. Masu fasa dutse suka watse. Abokan aikina wasu suka hau acaɓa, wasu suka tafi ci-rani. Ni na koma gonar kawuna ina ban ruwan tumatir, nawa ƙarfen cikon, wanda na sa aka ƙera mini irin nasa, yana rataye yana tsatsa. A shekarar ne kuma idon Baba Ilu ya tafi. Ya daɗe yana raguwa yana ɓoyewa, aka kai shi asibiti a Kano aka ce an makara.

Abin da zan gaya muku game da mutumin nan shi ne, bai yarda a ja shi ba. Ya ce shi ba rago ba ne da za a kai kasuwa. Ya sa aka sassaƙo masa sanda, kuma da ita yake zuwa masallaci shi kaɗai, salla biyar. Tsakanin zaurensa da masallacin fili ne, ba tsari, ga kwata a gefe ɗaya, ga turakun awakin maƙwabta a ɗaya gefen. Amma yana zuwa, ya yi salla, ya zauna a dakalin masallaci a sha hira da shi har a kira ta gaba. Wannan fitar ita ce abin da ya rage masa a duniya. In ka ɗauke ta, ka bar shi da ɗaki da tabarma.

Da damina ta sauka filin ya zama taɓo. Wata ranar Juma'a ya zame ya zauna a ciki da farar rigarsa. Bai ji ciwo ba, amma ni na ji. Na ce ina da hannu, ba ni da aiki, ga ragowar duwatsu da muka tara shekara da shekaru a bayan gidansa. Na bi tsofaffin masu fasa dutse na roƙi abin da ya rage musu. Mutanen unguwa suka haɗa siminti, kowa abin da ya iya. Na ce wa Baba Ilu zan gyara masa hanya, ya ce, "To, Allah ya yi albarka." Kafin a gama yana zagayawa ta bayan gida, liman yana rako shi, yana ta mita.

Ban taɓa aiki irin wannan ba, kuma ban sake ba. Na cire saiwar dalbejiyar da ta gitta filin. Na cike kwarin da ruwa ke kwanciya. Na kwashe wani tsohon turɓaɓɓen dutse da ke tsakiya, mutane suna tuntuɓe da shi. Na shimfiɗa duwatsu da faɗi, yadda mutum uku za su jera. Ko tsaga ɗaya ban bari ta miƙe ba. Ciko kuwa, na bi shi da nawa ƙarfen taƙi-taƙi, na goge, na lulluɓe, na yi gadinsa da kaina. Da ya bushe na tuɓe takalmi na rufe ido na bi. Ƙafata ba ta ji komai ba, sumul tun daga zaure har ƙofar masallaci. Na ce yau dai tsohon nan zai rasa abin faɗa.

Ya fito da azahar, mutane sun taru. Ya tuɓe takalmi ya taka, ya ja ƙafa, ya ƙara ja. Ya ce, "Tanimu, hannun cin tuwo ya koyi aiki." Daɗi ya kashe ni. Muka jera muka tafi masallaci gaba ɗaya, ana ta hira, yana tsakiyarmu.

Washegari da la'asar ya fito shi kaɗai. Ina gona, ba a gabana aka yi ba. Aka ce ya kama hanya daidai, yana tafe yana karkata kaɗan-kaɗan bai sani ba, har ya sauka daga kan duwatsun ya shige cikin turakun awaki, igiya ta harɗe masa ƙafa. Ya juya zai gyara, ya nufi kwata. Wata mai sayar da ƙosai ce ta yi ihu ta riƙo rigarsa. Ba wanda ya yi masa dariyar mugunta, amma an yi dariya, kuma ya ji. Daga ranar ya ce ƙafarsa ke ciwo. Ya koma salla a ɗaki.

Na yi ta zuwa da man zafi, yana karɓa yana godiya. Dakalin masallaci ya yi shiru. Mutum ya fara ramewa ina kallo, magana ma sai an ja shi. Rannan na shiga da safe, Inna Hanne tana tankaɗe a tsakar gida, ta ce, "Tanimu, zo nan. Kai wa kake saya wa man zafi? Ƙafarsa lafiyarta ƙalau. Hanyarka ce ta ɓatar da shi, kuma ya gwammace ya mutu a ɗaki da ya gaya maka."

Na shiga na durƙusa. Na ce, "Baba, Inna ta gaya mini."

Ya ce, "Hanne ba ta iya riƙe magana ba, tun tana amarya." Ya riƙa murza kan sandarsa. Can ya ce, "Da, in na fito, ƙasa tana gangarawa hagu, na san na bar zaure. In na taka saiwar dalbejiya na san na yi rabi. In sandata ta bugi dutsen nan da kuke zagi, sai in karkata dama, in ji kwarin ruwa, daga nan sai ƙofa. Duk ka kwashe su. Yanzu in na taka, ko'ina ɗaya ne, kamar ina tafiya a kan faranti. Ba abin da ke gaya mini inda nake."

Na ce, "Baba, yadda ka koya mini na yi."

Ya ce, "Na sani. Ai shi ya sa na rasa bakin magana. Aikin ba shi da aibu ko ɗaya. Na masu ido ne kawai. Ni ma da nake rufe ido ina gwada ku, ai na san zan buɗe."

Raina ya ɓaci ƙwarai, ba da shi ba, da kaina da sana'ar gaba ɗaya. Na fita na zauna a kan duwatsun nan ina kallonsu. Na ga dai mayar da saiwa da taɓo ba zai yiwu ba. Abin da zai yiwu ɗaya ne, kuma shi ne abin da aka hana ni tun ranar da na fara. Na koma na ce masa zan buɗe tsaga a tsakiya, miƙaƙƙiya, daga zaure har masallaci, in bar ta da zurfi yadda bakin sanda zai shiga ya bi.

Ya ce, "Ruwa zai bi ta."

Na ce, "Zai bi."

"Za ta rarake."

"In gyara bayan kowace damina."

"Duk magini da ya wuce zai ce Ilu bai koya maka komai ba."

Na ce, "Su faɗa."

Sai ya yi dariya, karon farko tun da ya shige ɗaki. Ya ce, "To in za a ɓata aiki, ba kai kaɗai za ka ɓata ba. Da ni za a yi."

Na ɗaga duwatsun tsakiya ɗaya bayan ɗaya, waɗanda na sha wahalar karya layinsu. Na ja igiya, na sassare bakinsu da kurfi har suka daidaita, na mayar. Kowane sara ina jinsa a jikina. Masu wucewa suna tambaya ko aikin ya lalace ne, ina cewa e. A bakin zaure da ƙofar masallaci na dasa ƙaramin dutse mai kaushi a gicciye, yadda sanda za ta buga ta tsaya. Sannan na yi kwaɓi mai ƙarfi, na cika doguwar tsagar, na bar shi ya ɗan kama.

Da hantsi na je na ce masa lokaci ya yi. Ya fito, ya miƙo mini hannun hagunsa da kansa. Wannan ne karo ɗaya tak da ya yarda wani ya riƙe shi. Ya sa bakin sandarsa a cikin ɗanyen kwaɓin, ya ɗan danna, ya ce, "Ka cika ruwa." Ban kuwa cika ba. Muka tafi a hankali, yana taka busassun duwatsun gefe, yana jan sandar, tana buɗe hanyarta daidai kaurinta, ni kuma ina waiwaye ina kallon aikin da ya fi kowane kyau a rayuwata yana samun tabo. Wajen tsakiya wani ya yi masa sallama daga nesa, ya juya ya amsa, hannunsa ya ɗan kauce. In kun lura akwai 'yar lanƙwasa a wurin. Na so in gyara, ya ce in bar ta, ita ce sabuwar saiwar dalbejiyarsa, da ita zai san ya yi rabi. Da sandar ta bugi dutsen ƙofar masallaci ya saki hannuna, ya ce, "Lulluɓe, kuma ka kula da awakin nan." Cikonsa na ƙarshe ke nan.

Ranar da ya bushe, ban gaya wa kowa ba. Aka kira azahar, ina tsaye a jikin katangarmu. Ya fito zaure, ya laluba da sanda, ta faɗa cikin tsagar. Sai ka ji ƙarar tana tafiya, ƙirrr, a kan siminti, shi kuma yana biye da ita, kansa a sama, ba ya ko lalube. Ya wuce awaki, ya wuce kwata, ya zo lanƙwasar ya ɗan rage tafiya, ya ci gaba. Sanda ta buga dutse. Ya tuɓe takalmi, ya juyo wajen mutanen da ke alwala ya ce da ƙarfi, yadda zan ji, "Jama'a, wane sakarai ne ya yi muku wannan ciko?" Ni dai na shige gida, don idona ya kawo ruwa kuma ba na so a gani.

Ya yi shekaru yana bin ta. Kowace safiya Inna Hanne takan sa a share tsagar da tsinken tsintsiya don kada yashi ya toshe ta. Mutanen unguwa har sun saba, in suka ji ƙirrr sun san lokacin salla ya yi, ko ladan bai kira ba. Ruwa kuwa ya bi ta, kamar yadda ya faɗa, kuma duk bayan damina ina zuwa da nawa ƙarfen in gyara inda ya ci. Da Allah ya karɓi abinsa, ta wannan hanyar aka fito da shi. Inna Hanne ta aiko mini da ƙarfensa da sandarsa tare, ta ce ita ba ta san wanda ya fi cancanta ya ajiye su ba.

Aiki ya dawo daga baya, ba kamar da ba, amma ya dawo. Masu intalok sun ga ciyawa tana tsiro musu a tsakar gida, wasu suka tuna da mu. Ga ku nan ma kuna koyo, kuma dokokin nan biyu su zan ci gaba da dukan kunnenku da su, kada tsaga ta miƙe, kada ƙafa ta ji ciko. Sai dai kafin ka kwaɓa komai, ka tsaya ka ga wanda zai taka wurin.

Kun lura kwanan nan ina sa ɗayanku ya duba mini igiya, ina cewa rana ce ta yi yawa. Ba rana ba ce. Na je Kano an duba, an ba ni maganin ɗigawa, likitan ya yi ta zagaye-zagayen magana, ni kuma na taɓa jin irin wannan zagayen a kan wani. Shekaranjiya da azahar na ɗauko sandar Baba Ilu daga bayan ƙofa, na zagaya bakin zaurensa, na sa ta a tsagar. Na rufe ido, ko da yake abin da na rufe ɗin ba shi da yawa. Ta kai ni lanƙwasar, ta kai ni har ƙofa, ta buga dutse.

Don haka kai mai rabin buhu, na gode, Allah ya saka. Ka kai shi wani wurin. Tsagar nan ba ta gama aikinta ba.